An sallame ni daga koyarwa a Jidda kafin kwantiragina ya ƙare, me kotu za ta yi mini?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malami ne a wata kwaleji mai zaman kanta a Jidda, na yi shekara 7 da wata 3 ina koyarwa a wurin. Kwantiragina na shekara bibbiyu ne, wanda nake ciki saura wata 9 ya ƙare. Mun samu saɓani da shugaban tsangayarmu a kan sakamakon wasu ɗalibai da ya so in gyara, na ƙi. Ba a yi wata guda ba aka aiko mini da takarda cewa an kawo ƙarshen aikina saboda maslahar aiki. Albashina riyal 15,000 ne (asali 11,000, kuɗin gida 2,750, na mota 1,250), kuma ina bin su na wata biyu. Yanzu sun ce in sa hannu a takardar mukhalasa kafin su sake ni. Wasu sun ce in kai ƙara, wasu sun ce baƙo ba ya cin nasara a kan ɗan ƙasa. Ni abin da nake so kotu ta tabbatar an zalunce ni, a mayar da ni bakin aikina. Ina mafita?

Amsa: Wa alaikumus salam, Dakta. Allah ya sauwaƙe, ya kuma saka maka a kan amanar da ka riƙe. Aikina a wani ofishin lauyoyi ne a nan Jidda, ɓangaren shari'ar ma'aikata, kuma zan amsa maka gwargwadon abin da ka faɗa. Kafin komai: kada ka sa hannu a wannan mukhalasar (takardar shaidar cewa ka karɓi duk haƙƙinka) a yau, ko gobe, har sai ka gama karanta wannan ka kuma zauna da kwantiraginka.

Zan fara da abin da ba za ka so ji ba. Kotun ma'aikata ba za ta mayar da kai aji ba. A tsohon tsarin dokar aiki ta Saudiyya, wanda aka kora ba bisa ƙa'ida ba yana iya neman a mayar da shi, amma gyaran da aka yi a 2015 ya ɗauke wannan, aka bar diyya ta kuɗi a sashe na 77. Haka nan alƙali ba zai zauna ya duba takardun jarrabawa don ya gano tsakaninka da shugaban tsangaya wa ke da gaskiya a kan makin ɗalibi ba. Na ga malamai da yawa sun shiga zaman kotu da dogon bayani a kan yadda aka ci musu mutunci a taron sashe, da yawan maƙalolin da suka wallafa, da yadda ɗalibai ke ƙaunarsu. Alƙali zai saurara na ɗan lokaci, sannan ya tambaya: me kake nema, nawa ne, daga wace rana zuwa wace rana, mece ce hujjarka? Wanda bai shirya wa wannan tambayar ba sai ka ga ya daburce, alhali shi ne mai gaskiya. Saboda haka aikin da ke gabanka shi ne ka mayar da zaluncin nan lissafi da kwanan wata, domin da su kotu take aiki.

Maganar cewa baƙo ba ya cin nasara kuwa, ka ajiye ta. Dokar aiki ta Saudiyya, wadda aka fitar a 2005 aka kuma yi mata gyare-gyare, ciki har da wanda ya fara aiki a Fabrairun 2025, ta haɗa ɗan ƙasa da baƙo a haƙƙin albashi da kuɗin sallama (wanda ake biya idan aiki ya ƙare) da diyya. Kotunan ma'aikata sun fara aiki a ƙarƙashin Ma'aikatar Shari'a a ƙarshen 2018, kuma kullum ana yanke wa baƙi hukunci a kan kamfanoni. Ba za ka biya kuɗin shigar da ƙara ba, domin dokar kuɗaɗen shari'a ta keɓe ma'aikacin da ke neman haƙƙinsa na aiki. Abin da ke kayar da baƙo ba baƙuntarsa ba ce. Ko ya sa hannu a abin da bai karanta ba, ko ya bar lokaci ya wuce, ko ya tafi gida bai bar wakili ba.

Sa'arka ɗaya, kwalejinku mai zaman kanta ce, don haka babu ruɗani a kan kotun da za ka je. Ga 'yan'uwanmu da ke jami'o'in gwamnati abin ya bambanta, kuma tunda na san wasunsu za su karanta, bari in taɓa shi. Da yawansu an ɗauke su ne a ƙarƙashin ƙa'idar ɗaukar waɗanda ba 'yan ƙasa ba a jami'o'i, kuma irin wannan rigima an saba kai ta kotun gudanarwa ta Diwanul Mazalim, ta manhajar Mu'in. A can wa'adin ya fi tsauri idan soke wani mataki ake nema: kwana 60 ne daga ranar da ka san da matakin za ka kai kuka ga hukumar da kanta, kafin ka wuce kotu. Wasu kuma, musamman bayan sabuwar dokar jami'o'i ta 2019 da kuma waɗanda wani kamfani ya ɗauka ya tura su jami'a, dokar aiki ce take kansu. Shafin farko na kwantiragi yakan faɗi dokar da aka gina shi a kai. Wanda ya kai ƙara kotun da ba ta da hurumi, watanni zai ɓata kafin a ce masa ya koma wata ƙofa.

Mu dawo kanka. Kwantiragin wanda ba ɗan ƙasa ba, bisa sashe na 37, mai wa'adi ne ko sau nawa aka sabunta shi. Wannan yana da fuska biyu. Da sun yi haƙuri wata 9 ɗin nan ya cika suka ce ba za su sabunta ba, da ba ka da diyyar kora, sai sallama kawai. Amma sun katse shi a tsakiya, kuma dalilin da suka rubuta, maslahar aiki, ba ya cikin laifuffukan da sashe na 80 ya lissafa waɗanda ake korar mutum a kansu ba diyya ba sallama, irin su duka, ko ha'inci, ko takardar bogi, ko tona asirin wurin aiki, ko rashin zuwa aiki fiye da kwana 15 a jere ko fiye da 30 a rarrabe cikin shekara bayan gargaɗi a rubuce. Ko a waɗannan ma dole a ba ma'aikaci dama ya kare kansa. Takardar nan da suka aiko maka ita ce babbar dukiyarka a wannan shari'a. Ka adana ta a wuri fiye da ɗaya, ka tura ta imel ɗinka na kanka tun kafin su rufe na makaranta. Mutane da yawa da baki ake ce musu kada su ƙara zuwa, su zauna a gida cikin fushi, bayan kwana 15 a rubuta cewa su ne suka daina zuwa aiki. Kai an hutar da kai wannan. Idan a kotu suka zo da sabon labari, cewa ai sakaci ka yi ko ka ƙi bin umarni, za a tambaye su ina takardar tuhuma, ina rubutaccen zaman bincike, me ya sa takardar sallamar ba ta ambace shi ba.

Yanzu ɗauko biro. Kuɗin sallama, bisa sashe na 84, rabin albashin wata ne a kowace shekara ta biyar ɗin farko, sannan cikakken albashin wata a kowace shekara bayan haka, kuma ana lissafa guntun shekara gwargwadonsa. Da albashin ƙarshe ake yi, kuma albashin da ya haɗa da alawus ɗin da ake ba ka kowane wata, ba asali kaɗai ba. Shekara 5 sau 7,500 ya ba ka 37,500. Shekara 2 da wata 3 sau 15,000 ya ba ka 33,750. Jimla 71,250. Ka lura da kyau a nan, domin ofishin ma'aikata na makaranta yakan yi lissafin da asali, 11,000, ya fito da 52,250, ya miƙo maka a takarda mai tambari kamar magana ta ƙare. Riyal 19,000 ke nan suka salwanta tsakanin layi biyu. Albashin wata biyu da kake bi, 30,000. Diyyar katse kwantiragi, bisa sashe na 77, albashin abin da ya rage ne, wata 9, wato 135,000. Idan ka tara ka samu 236,250, ban da kuɗin hutun da ba ka ci ba, da tikitin komawa gida wanda sashe na 40 ya ɗora wa mai aiki idan tafiya za ka yi.

Sai dai kada ka sa ranka a kan 135,000 ɗin nan kafin ka buɗe kwantiraginka, ka nemi sakin layin da ke maganar kawo ƙarshen aiki. Sashe na 77 ya fara ne da sharaɗi: wannan lissafin yana aiki idan kwantiragi bai ƙayyade wata diyya ba. Makarantu da yawa sun san haka, sai su rubuta cewa duk wanda ya katse zai biya ɗaya albashin wata biyu. Idan naka haka yake, to 135,000 ta koma 30,000, kuma galibi alƙali abin da kuka sa wa hannu zai bi. Ka karanta na Larabcin, domin idan Larabci da Turanci suka saɓa, sashe na 9 ya ce Larabci ake ɗauka. Ka kuma gwada takardar da ke hannunka da wadda aka tabbatar a Qiwa, manhajar gwamnati da ake rajistar kwantiragin ma'aikata. Wani lokaci ba su zama ɗaya ba, mutum ya danna amincewa a waya yana tsakiyar lacca, bai duba ba.

Akwai wata dabara da nake so ka yi hattara da ita. Za a iya kiranka, cikin fara'a da gahawa, a ce Dakta don kare sunanka gara ka rubuta murabus, mu kuma mu janye takardar kora, kada ta ɓata maka tarihi. Idan ka yi haka, diyyar ta tafi gaba ɗaya, kuma sallamarka ta koma kashi biyu bisa uku, tunda aikinka ya wuce shekara 5 bai kai 10 ba, wato 47,500. Da hannunka za ka mayar da kora ta zama tafiya.

Ita kuma mukhalasa shaida ce a rubuce cewa ka karɓi duk haƙƙinka, ba ka bin su komai. Gaskiya ne sashe na 8 ya soke duk yafewar haƙƙi da ma'aikaci ya yi yana cikin kwantiragi, amma wadda aka sa wa hannu bayan aiki ya ƙare tana da nauyi ƙwarai a gaban alƙali, kuma cewa tilasta maka aka yi abu ne mai wuyar tabbatarwa, balle ga mai digirin digirgir. Doka ta ba su mako guda daga ƙarewar aiki su biya ka, tunda su ne suka katse, kuma ba ta ce sai ka yafe saura ba. Idan sun ba ka wani kaso, karɓa ta banki. Idan dole sai ka sa hannu a shaidar karɓa, rubuta da hannunka, da Larabci, adadin da ka karɓa da cewa kana nan a kan sauran haƙƙoƙinka, sannan ka ɗauki hotonta kafin ka miƙa. Maganar ba za su sake ka ba kuwa ta rage ƙarfi tun sauye-sauyen Maris 2021, da aka buɗe wa ma'aikaci hanyar sauya wurin aiki ta Qiwa da neman bizar fita ta Absher, manhajar Ma'aikatar Cikin Gida, bisa sharuɗɗa. Ka shiga Qiwa ka ga me suka rubuta a matsayin dalilin ƙarewar aikinka, ka kuma lura da wa'adin da aka ba ka na sauya wuri ko fita, wanda yakan zama kwana 60. Wannan agogon daban yake da na shari'a, kuma iƙamar iyalinka, wato izinin zamansu a ƙasar, a jikin taka take.

Hanyar ƙarar kanta ba ta da tsawo. Ba a zuwa kotu kai tsaye. Za ka fara shigar da buƙatar sasanci a shafin Ma'aikatar Ma'aikata, abin da mutanenmu har yanzu suke ce wa maktabul amal, a ofishin garin da kake aiki. Suna da kwana 21 na aiki su sasanta ku, yawanci ta waya ko bidiyo. Idan kun daidaita, takardar sulhun tana da ƙarfin hukunci, kana iya kai ta kotun zartarwa idan sun saɓa. Idan ba ku daidaita ba, za a ba ka takardar cewa sulhu ya gagara, da ita za ka shigar da ƙara ta Najiz, manhajar Ma'aikatar Shari'a. Duk wannan dole ya kasance cikin wata 12 daga ranar da aikinka ya ƙare. Bayan haka, sashe na 234 ya hana kotu saurare sai da uzurin da ta gamsu da shi, ko kuma su da kansu su amsa cewa kana bin su. "Sun ce in jira za su biya" ba uzuri ba ne da zan so ka dogara da shi. An cinye mutane da yawa da in sha Allahu wata mai zuwa har shekara ta zagayo.

A takardar ƙara kowace buƙata ka ware ta da adadinta da kwanakinta da hujjarta. Albashi shi ne mafi sauƙi: ka kawo bayanan asusunka na banki, su kuma su nuna sun biya, kuma tsarin gwamnati na kare albashi, wanda ke bibiyar biyan albashi ta banki, yana nuna abin da ya shiga da wanda bai shiga ba. Inda malamai suka fi shan wahala shi ne kuɗin ƙarin darasi. Mutum ya ɗauki kwas biyu fiye da nisabinsa, wato awannin koyarwar da aka ƙayyade masa, zango bayan zango, da duba kundayen ɗalibai, da aikin kwamiti, duk a kan maganar baka ta shugaban sashe. A kotu za a ce ina takardar da aka ɗora maka wannan aiki, ina ƙa'idar makaranta da ta ce nisabinka awa kaza ne kuma abin da ya ɗara ana biya. Idan kana da jadawalin darussa mai sa hannu da saƙon da aka umarce ka, saka buƙatar. Idan babu, ni a ganina ka bar ta, kada rauninta ya ja hankalin alƙali daga masu ƙarfi. Dokar hujjoji da ta fara aiki a 2022 ta karɓi imel da saƙon waya a matsayin hujja, amma ka kai su cikakku da kwanan wata da lambar mai aikowa, kuma wanda ba da Larabci yake ba a fassara shi a ofishin fassara mai lasisi. Inda hujja ta ƙare, kana iya neman su yi rantsuwa, sai dai ka sani idan suka rantse wannan buƙatar ta rufe.

To ina maganar makin ɗalibai, wadda ita ce ainihin abin da ke ci maka rai? Tana da gurbi, amma ƙarami. Ka ambace ta a layi uku ko huɗu don nuna cewa dalilin korar ba halattacce ba ne: ranar kaza aka nemi kaza, na amsa da kaza a rubuce, ranar kaza aka sallame ni. Idan saƙon neman gyaran yana hannunka, haɗa shi, ka rufe sunayen ɗaliban. Kada ka kwashi takardun jarrabawa ko bayanan ɗalibai daga na'urar makaranta don ka tara hujja, za ka ba su makamin da ba su da shi. Kuma ina roƙonka, Dakta, kada ka rubuta komai a Facebook ko X ko zauren WhatsApp na malamai da sunan makarantar ko na shugaban. Dokar laifuffukan intanet ta 2007 ta tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara guda da tarar da za ta iya kai riyal 500,000 a kan ɓata suna, kuma gaskiyar abin da ka faɗa ba lallai ta fitar da kai ba. Idan kana ganin ana wasa da sakamako, wurin wannan ƙorafin Ma'aikatar Ilimi ce, wadda ke sa ido a kan kwalejoji masu zaman kansu, a rubuce kuma daban da ƙarar haƙƙinka.

Zaman kotu galibi ta bidiyo ake yi, za a turo maka saƙo a lambar da ke Absher ɗinka. Kada ka sake ka rasa zama, domin ana share ƙarar wanda bai halarta ba, sai ya sake neman a dawo da ita. Da Larabci ake magana. Idan naka na karatu ne ba na musu ba, nemi tafinta tun da wuri. Bayan hukunci kowane ɓangare yana da kwana 30 ya ɗaukaka ƙara, ban da ƙananan ƙararrakin da ba su wuce riyal 50,000 ba, kuma taka ta wuce nan, don haka ka sa a ranka za su ɗaukaka. Idan hukunci ya tabbata ba su biya ba, sai kotun zartarwa, wadda take iya riƙe asusunsu har kuɗinka ya fito.

Lauya ba dole ba ne, kuma mai iliminka zai iya tsayawa da kansa. Amma da kuɗi mai yawa haka, ko ba komai ka biya a karanta maka kwantiragi a rubuta maka takardar ƙara. Idan za ka ɗauki lauya ku rubuta ladansa a takarda, ka kuma tabbatar yana da lasisi, don akwai masu yawo a unguwanninmu suna cewa sun san hanya. Idan kuma tafiya gida ta kama ka kafin a gama, yi wakala ta Najiz tun kana nan, iƙamarka da Absher ɗinka suna aiki, ka bar asusun bankin da za a zuba kuɗin. Yin ta daga Kano ko Abuja wahala ce ta tambari bayan tambari.

A zaman sasanci kada ka je da nufin ƙin komai. Idan kwantiraginka bai ƙayyade diyya ba, kana da ƙarfi, kuma su ma lauyansu ya san lissafin nan da muka yi. Albashinka da sallamarka cikakku ba abin ciniki ba ne. Diyyar ce za ka iya sassautawa a kanta idan za a biya nan take, musamman in kana da kuɗin makarantar yara da haya a gabanka, ko wata jami'a na jiranka. Ka yanke wa kanka adadin da ba za ka sauka ƙasa da shi ba tun kafin a buɗe zaman, ka kuma tabbatar an rubuta ranar biya a takardar sulhun.

Ko sulhu aka yi ko hukunci, ka saka buƙatar takardar shaidar aiki a cikin abin da kake nema, kada ka bar ta sai daga baya. Sashe na 64 ya wajabta musu su ba ka ita kyauta, da ranar fara aikinka da ranar ƙarewa da muƙaminka da albashinka na ƙarshe, ya kuma hana su rubuta wani abu a ciki da zai taɓa sunanka ko ya rage maka damar samun aiki. Sashen ya kuma ce su mayar maka da duk takardun shaidar karatunka da ka ajiye a wurinsu. Ka nemi a rubuta matsayinka na koyarwa daidai yadda yake, a yi ta da Larabci da Turanci, a buga mata tambarin ƙungiyar 'yan kasuwa ta Jidda kafin ka bar garin, domin jami'ar da za ka nema nan gaba, a nan ko a gida, ita za ta fara tambaya.